Shekarar da Na Bar Ijaza a Alƙahira

Nafisa, da sunanki na fara duk da ba ke ce babba ba, domin ke kika fi 'yan'uwanki tambaya, kuma za ki ga dalili kafin in ajiye alƙalami. Ina rubutun nan ne a unguwar Madinat Nasr da ke Alƙahira, a ɗakin da yayanki Abba ya kama mana, ina jiran sukarina ya sauka likita ya kankare min yanar ido. Ya ce mako biyu. Ni kuwa kun san ban iya zaman banza ba, sai na sa aka sayo min littafi mai manyan layuka. Shekara arba'in da 'yan kai ke nan rabona da Alƙahira, kuma duk tsawon shekarun nan kun tashi kuna jin ana cewa babanku ya je Masar neman ijaza ya ɓuge da bin 'yar fim, har shaihinsa ya kore shi. Ba a gabana ake faɗa ba, amma na san an faɗa muku a makaranta, an faɗa wa mahaifiyarku a gidajen biki a Gusau. To, an kore ni, wannan gaskiya ne. Akwai 'yar fim, wannan ma gaskiya ne. Abin da ke tsakanin biyun ne babu wanda ya sani.

Rantsuwa ce ta rufe min baki. Shekaranjiya na sa mai tasi ya bi da mu ta bakin Nilu, na ga benen da matar ta zauna yana nan, an mai da ƙasansa shagon sayar da waya. Na faɗa wa direban sunan matar, mutum ne da furfurarsa, ya ce bai taɓa ji ba. Na tambayi mai shagon, na tambayi mai gadin benen, na tambayi wata dattijuwa a asibiti, babu wanda ya santa. Matar da a da in ta fito titi sai 'yan sanda sun buɗa mata hanya! Na dawo masauki raina a ɓace, sai can na gane ashe kwance ni aka yi, domin sharaɗin rantsuwar ya cika. Duk da haka sunayen da zan kira su da su a nan ba nasu ba ne, in ban da guda ɗaya.

Ban zo Masar ina yaro ba. Ina da shekara talatin da huɗu, da mahaifiyarku da 'ya'ya biyu, ina koyar da Larabci a makarantar gwamnati, aka ba ni hutun ƙaro karatu na shekara uku. Jami'a ita ce ta kawo ni a takarda, amma abin da zuciyata ta zo nema shi ne ijaza, wato ka karanta wa shaihi Alƙur'ani da ka tun daga Fatiha har Nasi, ya gyara maka harafi-harafi, sannan ya rubuta da hannunsa cewa ya yarda da karatunka, ya jera malamansa da malaman malamansa har zuwa Manzon Allah. Na samu wani shaihi a unguwar Darrasa mai karantarwa a soron gidansa. Tsoho ne mai tsanani, ba ya karɓar fiye da rubu'in izu a zama ɗaya, sau biyu a mako, kuma a kan gunna guda sai ya tsare ka har rana ta karkata. Ina son mutumin nan, har gobe ina yi masa addu'a, kada ɗayanku ya karanta wannan babin ya riƙe shi da mugun nufi. Muna zaune ɗaki ɗaya da wani ɗan Maraɗi, Malam Ilu, mai karatu da safe, da yamma kuma yana saro yadi a kasuwar Ataba.

A shekarata ta uku, wata ranar Talata da hantsi, ina jingine da ginshiƙi a farfajiyar masallaci ina tilawa, sai na lura da wani tsoho cikin farar kwat, da sanda mai kan azurfa, ya tsaya a kaina yana duba ni kamar mai taya rago. Na kai aya na yi shiru. Muryarsa a shaƙe take, sai ka matsa kake jin abin da yake cewa.

"Ci gaba," ya ce.

Na ci gaba.

"Yanzu ka sassauta, kamar kana karanta wa mara lafiya."

Na sassauta, ni kaina ban san abin da ya sa nake bin umarninsa ba.

"Kana shan taba? Kana yawan mura? Muryar nan haka take kullum, ko yau ta yi sa'a?"

Na ce, "Ya Ustaz, sayena za ka yi ne?"

"Wata uku ina yawon masallatai," in ji shi. "Masu daɗin murya duk so suke a ji su. Kai so kake a ji abin da kake karantawa. Gobe ƙarfe tara."

Ya miƙa min kati ya juya, bai ma jira in ce to ba. Na je ne don in ga ƙarshen wannan ƙarfin hali.

Sunansa a nan Ustaz Shaukat. Furodusa ne tun zamanin da aka fara gina sutudiyo a Masar, lokacin da fim baƙi da fari ne, kuma mutum ɗaya ne yake da ginin, da kyamarar, da fitilun, da 'yan wasan ma in an bi ta gaskiya. Sutudiyon ya daɗe da fita daga hannunsa. Abin da ya rage masa shi ne tsohuwar mota, da gida a hawa na huɗu, da kuma matar da ke zaune a ƙofar da ke kallon tasa. Ita zan kira Madam Ruwaida. Ta doshi saba'in a lokacin, siririya, zaune a miƙe kan kujera sai ka ce an gwada bayanta da ma'auni, idanunta a bayan baƙin gilashi. A gefe akwai Umm Sabir, dattijuwar da ke yi mata hidima, tana gyaran ganyen miya. Ku riƙe wannan, domin masu magana: ban taɓa zama a falon nan ba sai da Umm Sabir da farantinta a wurin. Kafin a ba ni ko ruwa, Ustaz ya ɗauko mus'hafi ya ɗora a teburi.

"Madam za ta haddace Alƙur'ani," ya ce. "Kai za ka biya mata da baki. Amma za ka rantse ba za ka faɗa wa kowa abin da kake yi a gidan nan ba, muddin akwai jaridar da za ta so labarin."

Na ce, "Karatun Alƙur'ani abin ɓoyewa ne?"

"Shaikh Hamisu, shekara arba'in ina sayar da matar nan. Na sayar da dariyarta, na sayar da zazzaɓinta, na sayar da karenta da ya mutu, har auren da ba ta yi ba na sayar da shi sau uku. Wannan guda ɗayan ba na sayarwa ba ne."

A shekarun nan jaridu sun sa tsofaffin 'yan fim a gaba, duk wadda aka ji ta kama carbi sai a buga hotonta, a sa ta ta la'anci aikinta da waɗanda ta yi aikin da su. Madam ta juyo da fuskarta wajen da take jin numfashina.

"Za su rubuta cewa na tuba daga shi," ta ce, tana nuna wajen Ustaz. "Ni Allah nake nema, ɗana, ba shi nake gudu ba."

Na ɗora hannu na rantse. Ban yi dogon tunani ba, kuma ba zan ɓoye muku ba, har da jin daɗin cewa cikin masallatan Alƙahira kaf muryar ɗan Gusau aka zaɓa.

A makon farko na gane ba ciwon ido ne kaɗai ya sa take bukatar mai biya mata ba. Madam Ruwaida, wadda Masar duka ta sani a matsayin 'yar basarake da ta yi karatu a makarantar Faransawa, wadda hotunanta a bangon falon rabi da littafi a hannu aka ɗauke su, ba ta san alif ba. Ita da kanta ta ba ni labarin, kaɗan-kaɗan, a lokacin hutun shayi. 'Yar manomi ce daga wani ƙauye a arewacin ƙasar. Ustaz ya je ɗaukar hoto a gonar auduga yana saurayi, sai ya jiyo wata yarinya 'yar shekara sha shida a bayan bishiya tana kwaikwayonsa ga ƙawayenta, tana maimaita duk faɗan da ya yi wa mai kyamara, har da kalmomin Faransancin, ba ta yar da ko ɗaya ba. Washegari ya je wurin mahaifinta da takardar kwantiragi ta shekara bakwai. Ya canza mata suna, ya ƙago mata uba da dangi, ya hana ta zuwa kasuwa, ya hana ta dariya da baki a buɗe, ya sa a riƙa auna nauyinta kowace Asabar. Ya ɗauko mata mai koya mata tafiya, da mai koya mata hawan doki, da mai koya mata riƙe cokali. Mai koya mata karatu ne kawai bai ɗauko ba. Sa hannu kaɗai aka koya mata, tana zana shi kamar yadda ake zanen lalle. Kowace safiya ƙarfe tara shi da kansa yake rufe ofis ya karanta mata labarin fim, ta ji sau biyu, ta fita gaban kyamara ta zuba shi duka, nata da na abokin wasanta, daraktoci suna mamakin wannan mai ilimi.

Raina ya sosu da na ji haka. Wata rana Ustaz ya shiga gidansa shan magani, na kasa haƙuri.

"Madam, ki gafarce ni, mutumin nan bai cuce ki ba kuwa? Ya hana ki karatu don kada ki bar shi."

Ta yi dariya, da baki a buɗe kuwa, tunda ba ya nan.

"Har da haka, ai na sani. Ya ce karatu zai ɓata min kunne, rabi gaskiya rabi tsoro. Ya kulle ni, amma ka duba da kyau, shi ma bai fita ba. Fitilun wancan zamanin wuta ce, ɗana, su suka ci min ido. In na kwana biyu a gabansu sai idon ya kumbura, shi ne zai kashe fitila ya kori kowa, ya zauna yana sa min tsumma da madara mai sanyi. Shekarar da taifot ta kama ni ana tsakiyar fim, abokan kasuwancinsa suka ce a sa wata. Ya rufe sutudiyo wata biyu, suka watse suka bar shi. Ya taɓa marin wani attajiri a gaban jama'a don ya aiko min da makullin gida. Yaran da suka shiga hannun wasu furodusoshin, ka tambayi Umm Sabir inda suka ƙare."

"To me ya hana ya aure ki?"

"Yana da mata a lokacin, kuma ya ce ba zai iya yi min tsawa da safe in kuma zuba masa abinci da rana ba. Da ta rasu, mun tsufa da wannan shirmen."

Na daɗe ina juya maganar nan a raina. Har yau ban wanke shi daga hana ta karatu ba, kuma na faɗa masa a fuskarsa, ya ce in kula da abin da aka ɗauke ni yi. Amma ban taɓa ganin mutumin da ya ɗauki baiwar wani da muhimmanci kamar yadda ya ɗauki tata ba.

Haddar ma kamar ɗaukar fim ya tsara ta. Ƙarfe tara daidai a rufe tagogi, a cire wayar tarho, Umm Sabir ta kawo mata ruwan ɗumi da zuma. Na fara mata daga ƙasa yadda muke yi a gida, daga Nasi a yi sama. In biya aya sau biyu, ta karɓa. Shi yana gefe da mus'hafi da gilashin ƙara girman rubutu, sandarsa a tsaye tsakanin gwiwoyinsa. In ta yi kuskure ba ya magana, sai ya buga sandar a ƙasa sau ɗaya, ma'ana a sake. Ni ma ban tsira ba, in na yi sauri ko na ɗaga murya don burgewa sai in ji ƙwas. In kuwa karatu ya gamshe shi, sai ya kwantar da sandar a kan cinyarsa, shi ke nan yabon. Umm Sabir ta ce min tun tana yarinya a sutudiyo haka yake, ba a taɓa jin ya ce wa Madam ya yi kyau ba, kuma ba a taɓa jin ya kira ta da wani suna ba sai Madam. Kunnen matar nan kuwa, ni da na karantar da ɗaruruwan mutane ban sake gamuwa da irinsa ba. Har numfashina take haddacewa, inda na ja iska nan take ja. Kafin wata biyar mun wuce Amma, mun wuce Tabara, tana da izu tara a kai.

Mota ce ta tona mana asiri, kuma laifin Ustaz ne. Wata safiya bas ta tsaya a Ataba, na iso a makare da gumi, muryata ta dusashe da hayaƙi. Ya dube ni sama da ƙasa ya ce wanda yake aiki da Madam ba ya zuwa a bas, a sutudiyonsa ko mai riƙe mata madubi mota ake aika masa. Na roƙe shi ya bari, ya buga sanda. Mutumin da ya sa ni rantsuwa don kada kowa ya sani, shi ne washegari ya turo doguwar baƙar motar da duk wani tsoho a Alƙahira ya santa a mujallu, ta shigo lungunmu na Darrasa da ƙyar tana ture teburan masu littattafai, direba da hular aiki ya fito ya buɗe min ƙofa. Bai yi don fariya ba. Bai san wata hanyar girmama ma'aikaci ba sai wannan. Kafin la'asar mai shayin bakin lungu ya gaya wa kowa motar wace ce. Da yamma Malam Ilu ya rufe ƙofar ɗakinmu ya zauna a gabana.

"Malam Hamisu, ni ɗan'uwanka ne, ka faɗa min. Me kake yi a gidan 'yar silima?"

"Ba zan iya faɗa ba, Malam Ilu."

"To khalas, shi ke nan, ka kashe kanka. Wallahi ɗalibai sun ɗauka, har waɗanda ke Madinat Nasr sun ji. Ka ce ko ɗinki kake kai mata mana, ka ce wani abu!"

"Ba zan yi ƙarya ba kuma."

"Ma'alish, sai haƙuri," ya ce, yana girgiza kai. "Gaskiyar da ba a faɗa, wa zai saya?"

A lokacin ina bakin Tabara a wurin Shaihi, saura izu huɗu in sauke, kamar wata biyu ke nan. Ranar zamana na gaba na durƙusa na yi basmala, sai ya ɗaga hannu. Ɗalibai cike da soron.

"Ya Hamisu, me kake yi a gidan matar nan?"

"Sayyidi, na yi rantsuwa."

"Halal ne ko haram?"

"Halal ne, wallahi."

"Halal ba ya tsoron haske. Ijaza shaida ce, ɗana. Ba harshenka kaɗai nake sa wa hannu ba, har da kai. Ko ka faɗa min, ko ka daina zuwa, ɗaya ya ishe ni. In ba haka ba kada ka dawo."

Bai zalunce ni ba. Da ni ne a kan buzunsa abin da zan faɗa ke nan. Kuma na san shi, da na raɗa masa a kunne da ya yi kuka don murna, ranar Juma'a kuma ya ba da labarin a kan mumbari don mutane su wa'aztu, Asabar 'yan jarida su cika benen.

Washegari na tafi gidan Madam da niyyar yin sallama. Na gaya musu komai. Madam ta ce a sake ni daga rantsuwar, ta ce me ya rage mata da za ta ɓoye, Ustaz ya ce a'a.

"Na sake ka daga aikin, ban sake ka daga rantsuwar ba. Ka je ka karɓi takardarka, haƙƙinka ne. Zan nemo wani."

"Wani wa?" in ji Madam. "Shekara arba'in da murya ɗaya na yi aiki. Wannan ta biyu sai da na yi wata guda kafin ta zauna min a kunne. Ka kawo ta uku, duk abin da na ɗauka zai rikice."

"Za ki saba."

"Yaushe?"

Na fito zan sauka, sai Umm Sabir ta biyo ni ta ja hannun rigata, ta tura ƙofar gidansa da ke a buɗe. A bangon ɗakin akwai babban allo irin na sutudiyo, an ja layuka da alli, kowane mako da surorinsa, waɗanda muka wuce an soke su. Na bi layin da ido ina neman Baƙara, sai na ga allon ya tsaya a Yasin, wata huɗu daga ranar. Ƙasan nan babu komai.

"Ciwon maƙogwaron nan ba mura ba ce," in ji Umm Sabir. "Likita ya gaya masa tun kafin ya fara yawon masallatai. Ita ta ce masa ba ta son a ɗauko masa mai karatun haya in lokacin ya zo, ita za ta karanta masa. Shi kuma ya zauna ya yi lissafin kwanakin, yadda ya saba."

Na sauka hawa huɗun nan a hankali, na zauna a kan matakalar ƙarshe. Na tuna mahaifina da ya ce ba ya son tsarabar komai daga Masar sai ya ga sunansa a ƙarƙashin nawa a jikin ijaza. Na tuna hutuna zai ƙare a ƙarshen shekarar, babu damar in fara da wani shaihin daga Fatiha. Na ji tsoro, na ji haushin tsohon nan da motarsa, na ji haushin kaina da na yi saurin rantsuwa. Sannan na tambayi kaina me ake yi da ijaza in ba a isar da karatu ga mai nemansa ba. Ga mai nema a sama, ga kwanaki a ƙirge. Na tashi na hau, na zauna a kujerata na ce Madam ta biya min na jiya. Ustaz bai ce na gode ba. Ya dube ni na ɗan lokaci, ya kwantar da sandarsa a cinya.

Labari ya riga ni isa gida, wani ɗalibi ya rubuta wa wansa, wan ya kai wa surukina. Wasiƙar mahaifina layi uku ce, ban amsa ta ba, don ba ni da abin cewa. A Darrasa aka daina ba ni limanci a ɗakin ɗalibai. Malam Ilu ne kaɗai bai daina cin abinci da ni a kwano ɗaya ba, Allah ya saka masa.

Mun kai Yasin da saura kwana shida a kan allo. A lokacin Ustaz ba ya iya tashi, mun mai da karatun ɗakinsa, ya rame har kwat ɗin da ya dage sai an sa masa ta yi masa yawa. Ranar da ta haɗa surar, ƙarfe tara na safe, ta sa Umm Sabir ta ɗaura mata farin mayafi, ta cire gilashin, karo na farko da na ga idanunta, sun yi fari fat. Ta zauna a bakin gadon ta fara. Ni ina gefe, an ce kada in buɗe baki. Ta yi nisa, ta wuce rabi, sai ta tsallake aya guda. Na yi niyyar in ƙyale, wa zai tsaya gyara a irin wannan wuri? Sai muka ji ƙwas a jikin ƙarfen gadon. Idonsa a rufe, sandar a hannunsa. Ta share fuska, ba ta koma kan ayar ba, ta koma farkon surar gaba ɗaya. Wannan karon ta tafi har ƙarshe babu ko gargada, kuma ba numfashina take ja ba, nata ne. Da ta kai aya ta ƙarshe duka muka juya wajen Ustaz. Ya ja sandar da ƙyar ya kwantar da ita a kan ƙirjinsa. Leɓɓansa suka motsa, duka muka sunkuya.

"Ya yi kyau, Nafisa."

Umm Sabir ta waiga tana neman wadda ake kira. Shekara hamsin ba wanda ya furta sunan nan, sunan da mahaifin Madam ya raɗa mata a ƙauye. Ita kuwa ta kifa goshinta a kan hannunsa ta ce na'am.

Bayan kwana biyu ya rasu. Na koma wurin Shaihi bayan bakwai, ya yi min tambayar nan dai, na ba shi amsar nan dai, muka rabu yana hawaye ina hawaye. Madam ta ci gaba da karatu da ni har ranar da zan tafi, ta tsaya a izu goma sha tara, daga baya Malam Ilu ya aiko min cewa ta rasu. Da za mu yi sallama ta ba ni sandar. Ita ce wadda kuka tashi kuna gani a makarantata, wadda kuke dariya kuna cewa sandar Baba ba ta dukan kowa sai ƙasa.

Na dawo Gusau babu ijaza. Mahaifina ya rasu bai huce sosai ba. An ba wasu kujerun da na san da takardar nan ni za a ba, kuma ba zan ce ban ji ciwo ba, na ji, wani lokacin har yanzu in na shiga soron wani na ga tasa a bango sai in kau da kai. Amma wadda ta fi ni biyan kuɗin rantsuwar nan mahaifiyarku ce, Allah ya jiƙanta, domin ita ta sha kallo da habaici, kuma ta koma ga Allah ban gaya mata ba. Sau ɗaya kawai ta taɓo zancen. Shekara guda bayan dawowata aka haife ki, daren suna ta tambaye ni wane suna na zaɓa, na faɗa mata. Babu Nafisa a danginta, babu a nawa. Ta daɗe tana kallona, kina kwance a cinyarta.

"Malam, mutuniyar kirki ce?"

Na ce, "Ƙwarai kuwa."

"To Allah ya raya mana," ta ce, ta gyara miki zani.